Neman ƙarin wa'adin ɗaukaka ƙara: yadda nake shirya roƙon

Idan aka kawo mini shari'ar da lokacin ɗaukaka ƙararta ya wuce, abin da nake fara yi shi ne ƙidayar kwanaki. Sashe na 24 na dokar Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Najeriya ya ba da wata uku ga hukuncin ƙarshe a shari'ar da ba ta laifi ba, kwana 14 kuma ga ƙwarya-ƙwaryar hukuncin da aka yanke ana cikin shari'a. Lissafin yana tashi ne daga ranar da alƙali ya karanta hukuncin, ba ranar da mutum ya karɓi kwafinsa ba. Nan mutane da yawa ke faɗuwa: suna zaman jiran kwafi, ko kuma su ɗauki hukuncin kwana 14 a matsayin na wata uku.

Babbar Kotun da ta yanke hukuncin ba ta da ikon ƙara wannan wa'adi, sai Kotun Ɗaukaka Ƙara. Abu biyu take nema, kuma dole su zo tare: takardar rantsuwa mai ɗauke da ƙwaƙƙwaran dalilin jinkiri, da dalilan ɗaukaka ƙarar da daga ganinsu sun cancanci a saurare su. Ɗaya ya yi ƙarfi ɗaya ya yi rauni, roƙon ya faɗi.

Takardar rantsuwar ce ke cin mafi yawan lokacina. A shari'ar Williams da Hope Rising ta 1982, Kotun Ƙoli ta nuna cewa ba a ba da ƙarin lokaci haka siddan, sai an ajiye wa kotu abin da za ta dogara da shi. Don haka ba na rubuta "mai roƙo ya yi rashin lafiya" in tsaya. Wace rana ya kwanta, yaushe aka sallame shi, ina takardar asibiti, me ya hana shi aika wani wurin lauya? Idan jinkirin wata takwas ne amma rashin lafiyar ta ci biyu kacal, sauran shidan ma sai an faɗi inda suka tafi. Na ga an yafe dogon jinkiri saboda an yi bayaninsa daki-daki, an kuma ƙi gajere saboda ba a ce komai a kansa ba.

Sakacin lauya dalili ne da kotuna kan karɓa, domin ba a son a ɗora wa mai ƙara laifin lauyansa. Amma sai an nuna cewa shi mai ƙarar ya ba da umarni a kan lokaci, ya kuma bibiya. Rashin kuɗi kuwa shi kaɗai da wuya ya wadatar, kuma wannan yana damuna, don shi ne ainihin abin da ke tsayar da talaka. Haka ma cewa ana ƙoƙarin sulhu tsakanin dangi da wuya ya wadatar: ina ba da shawara a shigar da takardar ɗaukaka ƙarar tukuna, sannan a zauna sulhun.

Idan dalilan ɗaukaka ƙarar suna buƙatar izinin kotu a ƙarƙashin sashe na 242 na Kundin Tsarin Mulkin 1999, roƙo uku nake jerawa: ƙarin lokacin neman izini, izinin kansa, da ƙarin lokacin shigar da ƙarar. A bar ɗaya, a kori takardar baki ɗaya. Ina haɗawa da kwafin hukuncin mai hatimin kotu da daftarin takardar ɗaukaka ƙarar.

Inda kotu ke sassautawa sosai shi ne idan dalilin ɗaukaka ƙarar ya nuna a fili cewa kotun farko ba ta da hurumin sauraron shari'ar tun asali. Shari'ar zaɓe kuwa kada ma a gwada: wa'adinta yana cikin sashe na 285 na Kundin, kuma ba kotun da ke iya ƙara masa ko kwana ɗaya.