Tarihin Rayuwata, Kashi Na 9: Ranar Da Muka Ci Ginshiƙi

Assalamu alaikum. Makon jiya mun tsaya a inda Kawu ya samo mana tsohon rami a wani daji na ƙasar Anka, ni da ɗansa da nake kira Yaya da wasu samari huɗu. Na daɗe ina kewaye wannan kashin, yau dai zan faɗe shi.

Daminar 2011 ce, shekarar da oza ɗaya ta zinare ta kai kusan dala 1,900 a kasuwar duniya. Mu ba mu san oza ba, mun dai ga masu saye suna biyo mu har bakin rami da ɗan sikelinsu. Shekara ɗaya kafin nan gubar dalma ta kashe yara kusan 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Dareta da 'Yargalma, saboda niƙan dutse a tsakar gida. Aka yi kuka, aka fitar da injinan niƙa bayan gari, aka koma rami.

Ramin namu gaba goma sha huɗu ne a tsaye, faɗinsa kamar rijiya. Daga gindinsa sai ya karya gefe yana bin farin dutsen da ke ɗauke da zinare. A durƙushe ake aiki, tocila ɗaure a goshi da roba, guduma da cizal a hannu. Waɗanda suka fara haƙarsa sun bar ginshiƙai uku na dutse a tsakiya ba su taɓa ba, kowane ya kai kaurin turmi biyu. In ka haska na tsakiyar sai ka ga zinare na ƙyalli a jikinsa, ba sai an niƙa an sa zaiba ba. Kullum ta gefensa muke rarrafawa, kullum sai mun kalle shi.

Akwai wani dattijo tare da mu da muke kira Baba Mai Kuza, don ya yi ƙuruciyarsa a haƙar kuza a Bukur da Barikin Ladi. Ƙarfinsa ya tafi, aikinsa ɗaure buhu a bakin rami, amma kowace safiya shi ke fara sauka da guntun rodi yana ƙwanƙwasa rufin. In dutse ya amsa da ƙal-ƙal, sai ya wuce. In ya amsa da bum-bum kamar an buga ƙwarya a kife, sai ya ce wannan ya rabu da uwarsa, a faɗo da shi tun bai faɗo da kansa ba. Shi ya sa muka sare itacen marke muka tokare rufin. Na taɓa tambayarsa yadda ɗan itace zai riƙe ƙasa gaba goma sha huɗu. Ya ce, "Ba zai riƙe ba, ɗana. Ginshiƙi ke riƙewa. Itace ɗan rahoto ne, in nauyi ya sauko masa zai yi kuka, kai kuma ka gudu."

Bashi ne ya taso Kawu. Wanda ke ba mu garin kwaki da man janareta ya fara aike, dutsen da muke fitarwa kuma ya daina biya. Wani dare Kawu ya ce a ci ginshiƙin tsakiya. Baba ya ce, "Alhaji, wannan ba rabonmu ba ne, rabon rufi ne." Kawu ya ce ai biyu sun rage. Ni na fi kowa ɗaga murya wajen mara wa Kawu baya. Shekarata goma sha tara, babur nake so, kuma wallahi har yau in na tuna muryata a daren nan sai ƙirjina ya yi nauyi.

Kwana uku muka cinye shi. Wurin da a da bai fi gaba biyu daga ginshiƙi zuwa ginshiƙi ba ya koma gaba biyar, fili, ba abin da ke tare shi. Abin da ban gane ba sai daga baya shi ne nauyin da ginshiƙin ya sauke bai ɓace ba, ya koma kan biyun da suka rage da kuma tsakiyar rufin. Ga tsibin ƙasar da muke fitarwa, mun tara shi daidai saman wurin. Ga 'yan ramin maƙwabta suna haƙowa ta ƙarƙashinmu, muna jin gudumarsu a gwiwoyinmu. Sai aka yi ruwa dare biyu a jere. Ruwa ya bi tsaga ya sauka, ya jiƙa yumɓun da ke manne tsakanin duwatsu ya mai da shi santsi, ya ƙara wa ƙasar sama nauyi.

Ranar Alhamis Baba ya sauka, bai daɗe ba ya fito. Ya ce yashi na zubo masa a wuya, ruwan da ke ɗiga ya koma ja, itace biyu sun tsage. Ya ɗauki buzunsa ya koma gindin bishiya. Muka ce buhu huɗu ne kawai muka riga muka fasa, mu ɗauko mu fito.

Ina gindin ramin ina ɗaura wa buhu na uku igiya, Yaya na ciki yana turo na huɗu. Iska ce ta fara bugo ni, ta maka ni da bango, sannan ƙarar ta zo. Ƙura ta cika mini baki, hasken tocila ya zama kamar garwashi a cikin toka. Da ta lafa sai na ji muryarsa, a natse, yana cewa, "Ƙanena, ƙafafuna."

Kafin a jawo ni sama mutanen ramukan dajin sun taru. Abu na farko da Baba ya yi shi ne korar jama'a daga saman wurin da sanda, yana cewa nauyinsu da dirin ƙafarsu zai ƙarasa shi. Ya hana diga. Da hannu da kwanon sha aka riƙa kwashe ƙasa, mutum biyu-biyu, duk kamu uku sai an kafa itace kafin a matsa. Muka zura masa tiyo yana shan ruwa. Awa bakwai dutsen na kan cinyoyinsa.

Bayan isha'i aka fito da shi da rai, yana magana, yana yi wa mutane godiya. Daji ya ɗauki kabbara. Ƙafafun sun kumbura sun yi tauri, amma jini kaɗan ne, sai muka kai shi wurin mai ɗori. Washegari fitsarinsa ya koma kamar baƙin shayi, daga nan ya ɗauke gaba ɗaya. A rana ta uku muka nemi mota zuwa Gusau. A hanya ya cika, kansa a cinyata.

Shekaru bayan haka wani likita ya bayyana mini. Naman da nauyi ya danne awoyi da yawa mutuwa yake yi a ciki. Da an ɗage nauyin sai gubarsa ta bi jini ta toshe ƙoda, wani lokaci ta tsayar da zuciya. Wanda aka zaƙulo haka ƙarin ruwa yake buƙata nan take, in da hali tun kafin a ɗage dutsen, ko da yana tafiya da ƙafarsa. Ranar 7 ga Nuwamban 2021, da na ji a rediyo rami ya rufta a Garin Liman kusa da Ɗan Isa a jihar Maraɗi, mutum 18 sun rasu, waɗanda aka fitar da rai ne suka tsaya mini a zuciya. Na yini ina roƙon Allah ya sa an wuce da su asibiti.

Zinaren ginshiƙin yana nan a ƙulle cikin takardar sigari a aljihun Kawu har aka yi sadakar uku. Da dare ya kira ni, ya damƙa mini, ya ce shi ba zai iya haɗa ido da Inna ba, in kai mata. Abin da ta ce da na durƙusa a ƙofar ɗakinta, da shi za mu fara mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.