Saƙon godiya bayan Misar cikar shekara ɗaya da rasuwar maigidana

A madadin kaina da 'ya'yana uku da dangin marigayi maigidana, ina miƙa godiya ga duk waɗanda suka taru tare da mu ranar 11 ga Oktoba a cocin Katolika na barikin Rukuba da ke Jos, inda aka yi Misa, wato babbar sujadar Katolika, domin cikarsa shekara ɗaya da rasuwa. Ya rasu yana da muƙamin saje, a gadon asibiti, kwana shida bayan raunin da ya samu a bakin aiki a arewa maso gabas. Ba ni na zaɓi ranar Misar ba. Fada, limamin sojojin Katolika na barikinmu, shi ya tsayar da ita, kuma sai da ya fara wa'azi na gane dalilinsa.

Ranar ta Waliyyi Yohanna na 23 ce, Fafaroman da yawancinmu muka sani a hoto kawai, tsoho mai ƙiba da fara'a. Fada ya ba mu labarinsa tun daga tushe. Sunansa na yanka Angelo Roncalli, an haife shi a 1881 a ƙauyen Sotto il Monte kusa da birnin Bergamo a Italiya, a gidan manoma masu noma gonar wani su raba amfanin da mai ita. An naɗa shi fada a 1904, ya yi kusan shekara goma yana sakataren bishop na Bergamo. Da Italiya ta shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya a 1915 aka kira shi soja, kuma muƙamin da ya fara riƙewa shi ne saje a sashen kula da marasa lafiya, kafin a mayar da shi limamin soja a 1916. Aikinsa a asibitocin soja na Bergamo yake, wurin samarin da ake kwasowa daga fagen fama da raunuka, waɗanda da yawansu ba su sake ganin gida ba.

Da Fada ya ambaci kalmar saje, ɗana na fari ya damƙe hannuna, ni kuwa na kasa riƙe hawaye, domin abin da ya fi ci mini rai a wannan shekara shi ne ban kasance kusa da maigidana a sa'arsa ta ƙarshe ba. Wani limamin soja ne da ban taɓa gani ba ya zauna a gefen gadonsa, ya shafa masa mai mai tsarki, ya karɓi carbinsa na Rosari da agogonsa ya aiko mini da su a cikin ambulan. Zaren carbin ya tsinke a wuri ɗaya, an ɗaure shi da baƙin zare, ɗaurin da na san na hannun maigidana ne. Ina roƙon duk wanda ya san wannan Fada ya isar masa da cewa matar sajen ta gode, kuma tana sa shi a addu'a kullum.

Fada ya ci gaba da cewa Roncalli bai bar wannan hali a asibiti ba bayan an naɗa shi bishop a watan Maris na 1925. Taken da ya zaɓa wa kansa shi ne biyayya da salama, kalmomi biyu da kowace matar soja ta san nauyinsu. An tura shi Bulgariya inda Katolika 'yan tsiraru ne, ya yi kusan shekara goma, sannan Turkiyya da Girka, inda a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu ya taimaka wa Yahudawa masu gudun kisa suka tsira. Daga nan ya tafi Faransa a matsayin jakadan Fafaroma, ya zama kadinal a Venis a 1953, aka zaɓe shi Fafaroma a 1958 yana da shekara 76. A ranar 11 ga Oktoba 1962 ya buɗe Majalisar Vatikan ta Biyu, wato babban taron bishop-bishop na Katolika, wadda ta buɗe ƙofar yin Misa da harsunan jama'a, shi ya sa surukata, wadda ba ta jin Turanci balle Latin, ta bi Misar ɗanta da Hausa daga farko har ƙarshe. Wata biyu kafin rasuwarsa a watan Yuni na 1963 ya rubuta wasiƙa kan zaman lafiya a duniya zuwa ga dukan mutane masu kyakkyawar niyya, ba Katolika kaɗai ba. A ganina mutumin da ya rufe idanun samari da hannunsa ne kaɗai zai roƙi salama da irin wannan naciya.

Fada, na gode. Kai ka zo ƙofata da labarin, ka ƙi faɗa a tsaye, ka jira har aka kira maƙwabciyata ta zauna kusa da ni. Tun daga ranar ba a yi wata guda ba ka leƙo mu ba, kuma kai ka zauna da ɗana a lokacin da ya daina magana da kowa. Allah ya ƙara maka lafiya da ƙarfin wannan aiki.

Ina godiya ga Mama Magajiya da matan layinmu, Kirista da Musulmi, waɗanda suka kwana suna dafa gwate da dama kunu domin baƙi, suka hana ni ko ɗaukar ludayi. Ina godiya ga Zumuntar Mata da 'yan kwaya masu waƙa a coci da Baba Katekis, mai koyar da addini a cocinmu, wanda ya bi gida gida yana sanar da mutane. Malam Liman na masallacin bariki ya zo gida bayan la'asar tare da dattawa biyu, ya yi wa yaran nasiha, ya yi mana addu'a. Malam, mun ga girmanka, Allah ya bar zumunci. Abokan aikin maigidana da suka zo cikin kaki, da waɗanda suka bugo waya daga inda suke bakin aiki, Allah ya tsare ku ya dawo da ku ga iyalanku lafiya. Kawu da sauran dangi da suka taso daga ƙauye tun asuba cikin sanyi, sannunku da hanya.

Wanda ban ambata ba ya yi mini haƙuri, jama'ar sun fi ƙarfin lissafina a ranar. Waliyyi Yohanna na 23, ka yi addu'a domin maigidana da dukan sojojin da ke kwance a asibiti yau. Allah ya ba shi hutawa ta har abada, ya saka wa kowa da alheri. Amin.