Hoton da ya ci mini wata shida

Jiya ina kwashe kayana daga ɗakin 'yan digiri na biyu sai na ci karo da kwafin farko na kundina, wanda aka dawo mini da shi duk jan biro.

A kan Hanayagi Harumi na yi bincikena, 'yar wasan Japan da ta fito a fim ɗin Sei no Kagayaki na Kaeriyama Norimasa a 1919, zamanin da fim ba ya magana sai benshi ya tsaya gefen allo yana ba da labari. A lokacin kamfanonin Japan maza suke sa wa kimono su fito a matsayin mata. Oyama ake ce musu, gadon wasan kwaikwayonsu na gargajiya, kabuki, ne tun da aka hana mata hawa dandamali a 1629. Na san wannan sarai, da hannuna na rubuta shi a babi na biyu. Amma a babi na uku sai na manna wani hoto da na tsinto a intanet, na sa sunan Hanayagi a ƙasa, har na cika shafi biyu ina yabon yadda ta sunkuyar da kai, wai irin kunyar da namiji ba zai iya kwaikwaya ba.

Ranar kare kundi, malamin da aka gayyato daga waje ya ɗaga shafin ya ce, "Malama, wannan ai namiji ne." Kinugasa Teinosuke ne, oyama na kamfanin Nikkatsu, wanda daga baya ya koma ba da umarni har ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Cannes a 1954. Ɗakin ya ɗauki dariya. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige.

Dariyar ba ita ta fi ci mini rai ba. Malamin da ke duba aikina, wanda ya sa hannu a kowane babi, shi ne ya gyara zama ya ce, "Na sha gaya mata ta kula da majiyoyinta." Wallahi bai taɓa ba. Babin ya yi wata uku a aljihun teburinsa, ya fito ko waƙafi ba a taɓa ba. Na ce, "Haka ne, ranka ya daɗe," don in ka yi gardama a wurin, kai za ka kwana a ciki. Wata shida aka ƙara mini, da kuɗin makaranta na wani zangon.

Ku da ke baya, sa hannun malami ba shaidar ya karanta ba ce. Hoto kuma a bi shi har asalinsa. Yawancin finafinan wannan zamani sun salwanta, wasu a girgizar ƙasar Kanto ta 1923, wasu a yaƙi, don haka kada ku siffanta wasan da idonku bai gani ba. Sunan dangi Japanawa ke fara kawowa.

Hoton na bar shi a kundin da na gyara, da sunan mai shi, a babin da ke kwatanta oyama da matan da suka gaje su. Babin ne malamin waje ya ce in nemi mujallar da za ta buga. Sunan malamin da ya duba aikina kuwa ba ya shafin godiya.