Ranar da na zauna da kwamfutar Kawu

Laraba. Tun kafin in gama karin kumallo Kawu ya aiko ƙaramin ɗansa ya ce in je shago, kwamfuta ta ƙi tashi tun daren jiya. Na san nauyin wannan saƙon, domin a duk garinmu, wanda ke can gefen Ringim, wannan kwamfutar ce kaɗai ake buga takardu da ita. Da ita ake buga katin ɗaurin aure da takardar cinikin gona, kuma a wannan makon malaman firamare da na Islamiyya sun kawo tambayoyin jarrabawar ƙarshen zango, waɗanda aka yi alkawarin ba su ranar Asabar. Na ɗauki jakar kayan aikina, wato mitar auna wuta da sukudireba da buroshi da kwalbar sifirit, na tafi.

Na tarar da mutum uku a bakin shagon, kuma duk sun riga sun yanke hukunci cewa madabod, wato babban allon da duk kayan cikin kwamfuta suke haɗe a jikinsa, ya ƙone, sai dai a kai shi Kano, titin Beirut, a sayo wani. Kawu ya ce da ni, "Ɗana, idan babu makawa sai an je Kano, ka faɗa mini da wuri in nemi kuɗin mota." Na ce, "Kawu, ku ba ni zuwa la'asar, kada ku nemi komai tukuna." Ban faɗi haka don na san abin da ya lalace ba. Abin da ke damuna shi ne yadda ake jefar da allon da ƙila abu ɗaya ne tak ya mutu a jikinsa, alhali kuɗin sabo da kuɗin mota da yinin da za a ɓata a hanya sun fi ƙarfin abin da shagon nan yake samu a mako guda.

Na fara da tambayar yadda abin ya faru. Kawu ya ce yana cikin bugu bayan isha'i sai ta ɗauke gaba ɗaya, babu ƙara, babu hayaƙi, sai ɗan wari kaɗan da ya ji. Da na danna maɓallin kunnawa sai na lura da abin da su ba su kula da shi ba: fankar da ke kan furosesa, wato ƙwaƙwalwar kwamfutar, tana motsawa kamar rabin juyi, sannan ta tsaya cak. Wannan ɗan motsin yana da muhimmanci ƙwarai, domin yana nuna cewa maɓallin yana aiki, allon ya karɓi umarni, fawa fak, wato ɗan akwatin da ke raba wa kayan ciki wuta, ya saki wuta, sannan ya janye ta nan take saboda ya ji ana jan wuta fiye da kima. Da a ce ko motsi ba ta yi, da a wani wurin daban zan fara nema.

Duk da haka ban tsallake fawa fak ba, domin shi ne ya fi saurin mutuwa a wuraren da ake aiki da janareta da inbata. Na cire duk wayoyinsa daga allon, na lanƙwasa ɗan ƙarfen maƙale takarda na haɗa koriyar waya da baƙa a jikin babban soket mai ƙafa 24, sannan na ba shi wuta. Fankarsa ta tashi ta ci gaba da juyawa. Na auna da mita: shunayyar waya, wadda take ɗauke da bolt 5 ko da kwamfuta tana kashe, ta ba ni daidai, ja ta ba ni bolt 5, mai ruwan goro ta ba ni 3.3, rawaya kuma ta ba ni 12 da ɗan abin da ba a rasa ba. Ƙa'idar ATX, wadda ake ƙera irin wannan fawa fak a kanta, ta yarda da sauyin kashi 5 cikin ɗari, wato rawaya tana iya kasancewa tsakanin 11.4 da 12.6, don haka babu abin zargi a nan. Na san fawa fak yana iya nuna lafiya idan babu nauyi a kansa, ya kuma kasa idan an ɗora masa kaya, saboda haka na aika gida aka kawo mini nawa na gwada. Fankar furosesa ta yi irin motsin nan na rabin juyi ta tsaya. A nan na tabbata matsalar a jikin allon take.

Da na buɗe akwatin sosai na fito da allon, abin da na gani ya sosa mini rai. Ƙurar hunturun da ya wuce ta taru ta zama kamar bargo a tsakanin haƙoran ƙarfen da ke sanyaya furosesa, ta kuma rufe ƙananan kayan da ke kewaye da shi, har zanzaro ya gina ɗakinsa na laka a kusurwar akwatin ta ciki. Ga shi muna tsakiyar bazara, shagon rufin kwano ne, kwamfutar kuma a ƙasa take ajiye, bayanta manne da bango. Ban ga laifin Kawu ba, domin babu wanda ya taɓa gaya masa cewa na'urar nan tana bukatar iska kamar yadda mutum yake bukata. Na fita da allon waje na kakkaɓe shi da buroshi mai laushi, na ɗora shi a kan kwali, ba tare da komai a jikinsa ba sai furosesa da fankarsa da ram guda ɗaya, wato ma'ajiyar wucin gadi da kwamfuta ke aiki da ita. Na auna ɗan batirin nan mai kama da kwabo, CR2032, ya ba ni bolt 3 cif, na mayar da shi. Na taɓa ƙafafu biyun maɓallin kunnawa da bakin sukudireba. Rabin juyi, ta tsaya.

Daga nan sai na cire ƙaramin soket mai ƙafa 4, wanda yake kai bolt 12 zuwa sashen da ke ciyar da furosesa, na bar babban soket kaɗai. Da na kunna, fanka ta tashi ta yi ta gudu ba tsayawa. Kawu ya yi murna yana zaton an gama, sai na yi masa bayani cewa yanzu ne muka gano unguwar da ɓarawon yake, amma ba mu kai ƙofar gidansa ba. Na kashe wuta, na zare igiyar daga bango, na mayar da mita wajen da take kuka idan wuri biyu suna haɗe, na ɗora tsinke ɗaya a ƙafar bolt 12 ɗaya kuma a ƙasa, wato ƙafar baƙar waya. Ta yi kuka ba yankewa. Na cire furosesa a hankali don kada in lanƙwasa siraran ƙafafun da ke cikin mazauninsa, domin allon irin na LGA1155 ne, wanda ya fito a 2011, ƙafafun a jikin allon suke. Na sake aunawa, kukan yana nan.

Wannan sashen shi ya ci mini mafi yawan yinin, kuma shi ne na fi son in rubuta don kada in manta. Furosesa ba ya cin bolt 12. Abin da yake bukata bai fi bolt 1 da 'yan kai ba, amma da ƙarfi mai yawa. Saboda haka akwai layuka a gefensa, a wannan allon guda uku, kowane da koyil ɗinsa, wato naɗaɗɗiyar waya, da mosfet na sama da na ƙasa, wato ƙananan makunnan lantarki waɗanda suke buɗewa da rufewa sau dubbai ɗaruruwa a cikin daƙiƙa ɗaya suna rage wutar. Wahalar ita ce duk layukan a haɗe suke ta gaba da ta baya, don haka idan mosfet ɗaya ya narke ta ciki, duk wanda ka ɗora wa mita zai yi kuka, kamar dukkansu ne suka mutu. Wanda bai yi haƙuri ba zai fara cire su ɗaya bayan ɗaya har ya ƙona allon da zafi. Na fara duba kafasitocin, wato 'yan gwangwanayen da ke tara wuta, babu wanda ya kumbura ko ya zubar da ruwa. Sannan na koma ga ƙafar da ake ba kowane mosfet umarni ta ita, domin wannan ƙafar ba a haɗe take da ta sauran layuka ba, kuma a lafiyayyen mosfet ba ta da hanya kai tsaye zuwa sauran ƙafafunsa. Layi na ɗaya da na uku sun ba ni lamba iri ɗaya. A layi na biyu kuwa, na sama da na ƙasa duk sun nuna kusan sifili. Da na kawo fitilar waya kusa, sai na ga ɗan tsagi kamar silin gashi a bayan na saman, ga kuma launin allon ya ɗan yi duhu a kewayensa.

Na yi sallar azahar zuciyata tana kan abu ɗaya. Idan mosfet na sama ya mutu, bolt 12 yana iya zarcewa kai tsaye cikin furosesa ya kashe shi. Fatana shi ne na ƙasan da ya mutu tare da shi ya zubar da wutar zuwa ƙasa, fawa fak kuma ya ɗauke kafin a yi ɓarna, amma babu hanyar sanin haka sai an gyara an gwada. Na gaya wa Kawu gaskiya, ya ce, "Allah Ya sa mu dace, ka ci gaba."

Ƙarfen narka dalma da nake da shi ba zai iya ɗaga irin waɗannan ba, domin bayansu manne yake da faffaɗan tagullar da ke shanye zafi. Na koma gida na zazzage kwalin matattun alluna da nake tarawa, wanda Inna ta sha cewa in fitar mata da shi daga ɗaki, na duba har allo uku kafin in sami wanda lambobin mosfet ɗinsa suka yi daidai da waɗanda nake nema. Na auna su tun suna jikinsa, sannan na nufi rumfar abokina mai gyaran waya a bakin tasha, wanda yake da injin hura iska mai zafi. Inbatarsa ba ta ɗaukar injin, sai da Kawu ya ba da kuɗin mai aka tayar da janareta. Na rufe kafasitocin da ke kusa da takardar gwangwani don kada zafi ya fashe su, na shafa man dalma, na riƙa zagaya iskar a hankali har na farko ya saki. Bayan na cire biyun na auna, mita ta yi shiru, kuma hanyoyin umarnin layin sun ba ni lambar da ta yi daidai da ta sauran biyun, alamar cewa abin da ke tuƙa su bai taɓu ba. Na ɗora sababbin, na goge wurin da sifirit, na sake aunawa sau uku kafin in yarda.

Ana kiran la'asar muka koma shago. Na mayar da furosesa mazauninsa, na goge busasshen man rage zafi da ke kansa na shafa sabo ɗan kaɗan, na ɗaure fanka, na sa ram, na haɗa monita. Na yi bismilla na taɓa ƙafafun nan biyu. Fanka ta tashi, ta ci gaba da juyawa, kuma bayan 'yan daƙiƙoƙi da suka yi mini tsawo rubutu ya fito a monita. Kawu ya yi hamdala ya fi a ƙirga. Ni kuwa ban saki jiki ba sai da na bar ta tana aiki fiye da awa guda, ina kai bayan yatsana kusa da layukan uku lokaci-lokaci, na ji ɗuminsu ɗaya ne.

Kafin magariba na mayar da komai cikin akwati, na cire ɗakin zanzaron, muka ɗauko tsohon benci muka ɗora kwamfutar a kai, muka janye ta daga bango kamar taƙi biyu. Abu na farko da na sa Kawu ya yi shi ne kwafe tambayoyin jarrabawar a filas, sannan ya buga shafin farko na lissafin aji huɗu. Na roƙe shi ya riƙa kashe ta tsakanin azahar da la'asar har damina ta faɗi, ya kuma sa a ɗinka mata mayafin rufewa da dare. Gobe da safe zan koma in sake auna layin nan na biyu bayan ta kwana, in kuma buɗe fawa fak ɗinsa in share, domin na hango ƙurar da ke cikinsa ta ramukan fanka, amma duhu ya riga ya shigo.