Rigakafi a cikin kan kaza

Yau na kai karen gidanmu allurar rigakafin cutar haukan kare, sai likitan dabbobin, yana dafe da wuyan karen, ya ba ni labarin yadda Suwizalan ta yaƙi cutar a jikin yanyawa. Harbi da guba sun kasa tsayar da ita, sai a 1978 aka fara cusa maganin rigakafi cikin kawunan kaji ana watsawa a daji, yanyawa na taunawa maganin ya fashe a bakinta. A 1999 aka tabbatar ƙasar ta rabu da cutar.

Abin ya tsaya mini a rai, domin su naman daji suka bi har raminsa, mu kuwa karnukan da ke kwana a ƙofar gidajenmu, waɗanda yaranmu ke wasa da su, da yawansu ba su taɓa ganin allurar ba.