Injin feƙe ƙarfe: farashin Sin da farashin Kano

Kawuna ya fi shekara talatin yana feƙe ƙarfe, kuma duk tsawon wannan lokaci da inji ɗaya yake aiki, irin wanda ke juya ƙarfe ana feƙe shi, wani tsohon Colchester ƙirar Ingila wanda ya saya lokacin da wata masaƙa a Bompai ta rufe ta yi gwanjon kayanta. A kansa yake gyara shaf ɗin injin casar shinkafa, ya fitar da sabon bushi, ya yanka wa noti haƙora, ya daidaita gangar birkin babbar mota. Da aiki ya yi masa yawa ya yanke shawarar ƙara na biyu, sai ya ɗora mini binciken farashi, tunda ni ne mai duba intanet a gidan.

Abin da na fara fahimta shi ne, irin wannan inji da ake sarrafawa da hannu ya zama tsohon yayi a ƙasashen da suka ƙirƙiro shi, domin masana'antun Turai sun koma ga wanda kwamfuta ke tuƙawa. Saboda haka sababbin da ke shigowa Najeriya galibi daga Sin suke, irin su samfurin CA6140 na birnin Shenyang, sai kuma na Indiya daga garuruwa irin su Rajkot da Ludhiana. Daga Turai kuwa tsofaffi ne ke zuwa, Colchester da Harrison na Ingila, da TOS na tsohuwar Cekoslobakiya. Ko a kundin kwastam an raba su gida biyu: lamba 8458.11 ta masu kwamfuta ce, 8458.19 kuma ta irin na Kawu.

Da na nuna masa farashin da wani kamfani a Sin ya rubuta, sai ya lissafa da yatsu ya ce abin da sauƙi. Na ce masa, "Kawu, wannan kuɗin fa iyakarsa bakin ruwan ƙasarsu." Daga nan ne lissafin gaskiya yake farawa. Injin CA6140 ya kai nauyin kusan tan biyu, ba kayan da ake sakawa a jaka ba ne, dole a nema masa gurbi a kwantena, a biya jirgin ruwa da inshora har tashar Apapa ko ta Tin Can a Legas. Kafin ya taso sai an buɗe Form M, wato takardar shigo da kaya, ta hannun banki, idan ya iso kuma kwastam za su ɗora kuɗin fito a kan jimillar kuɗin kaya da na jirgi da na inshora. Kuɗin fiton injunan masana'antu bai cika tsanani ba, domin a tsarin harajin bai-ɗaya na ECOWAS da Najeriya ta fara aiki da shi a 2015 yawancinsu suna rukunin kashi 5 cikin ɗari. Sai dai akwai ladan wakilin da zai fito da kayan, da kuɗin ajiya idan takardu suka yi jinkiri, da tirelar da za ta ɗauko shi tafiyar kusan kilomita dubu zuwa Kano, da motar ɗaga kaya da za ta sauke shi a ƙofar shago. An buɗe tashar tsandauri ta Dala a Zawachiki a watan Janairun 2023 domin a riƙa kammala harkar kwastam a nan gida, amma mai sayen inji ɗaya tal yakan bi ta hannun ɗan kasuwar da ya riga ya cika kwantenarsa, shi kuma ribarsa daban.

Duk waɗannan ƙananan alhaki ne idan aka kwatanta da canjin kuɗi. Kafin a saki naira a watan Yunin 2023, dala a farashin hukuma tana wajen naira 460, zuwa farkon 2024 kuwa ta haura 1,500. A ɗauka, don misali kawai, cewa inji dala 5,000 ne: a tsohon canji naira miliyan 2.3 ke nan, a na farkon 2024 kuwa miliyan 7.5, alhali mai ƙera shi bai ƙara ko sisi ba. Kuma da yake kwastam da canjin ranar suke lissafin fito, sai ya zama dalar ta ci mutum sau biyu.

A nan ne na gane dalilin da ya sa tsofaffin injunan da ke cikin Kano suka yi daraja. Duk lokacin da sabo ya yi tsada, tsoho ma sai ya ɗaga kai, ko da kuwa ya shekara ashirin bai motsa daga inda yake ba. Mun je ganin wani Harrison a wani sito a Sharaɗa, mai shi ya sa an shafe shi da sabon fenti yana ta sheƙi. Kawu bai ko kalli fentin ba. Ya goge gadon injin, wato dogon ƙarfen da abin yankan ke zamewa a kai, da tsumma, ya bi shi da farce daga ƙarshe zuwa kusa da kai, inda aka fi yin aiki, sai farcen ya faɗa wani ɗan kwari da ido ba ya gani. Daga nan ya ɗaura sandar ƙarfe ya feƙe ta, ya auna kauri a bakin nan da bakin can, aka sami bambanci. Ya dubi mai sito ya ce, "Alhaji, gadon ya cinye, Allah ya kawo mai rabo." A hanya ya bayyana mini cewa giya da bel da motar lantarkin da ke juya injin duk ana iya canza su, amma gadon da ya zaizaye gyaransa ba aikin kowane shago ba ne, kuma duk abin da aka feƙe a kansa zai fito da kai ɗaya ya fi ɗaya kauri. A ganina wannan gwajin na farce ya fi duk takardun farashin da na tara amfani. Ya kuma ja hankalina ga abu biyu da mai saye daga nesa kan manta: ko injin yana yanka haƙoran inci da na milimita duka, tunda kayan da ake kawo masa gyara gauraye suke, da kuma ko motarsa ta dace da wutarmu mai layi uku, domin wadda aka yi wa wutar Amurka ba ta gudu daidai a nan.

Batun fitar da irin waɗannan injuna daga Najeriya kuwa gajere ne. An kafa kamfanin Nigeria Machine Tools a Osogbo a 1980 da haɗin gwiwar HMT, wani kamfanin ƙera injuna na Indiya, domin a riƙa ƙera irin waɗannan injuna a gida, amma kasuwar Kano har yau da na waje take tafiya. Abin da ke fita daga nan tsofaffin ne, waɗanda masu sana'a daga Maraɗi da Damagaram ke saye da sefa, kuma ƙarfin sefar ya sa sukan iya taya abin da ɗan gida ba zai iya ba. Abin da ya fi ba ni takaici shi ne inji mai sauran rai da magada ke sayar wa 'yan gwangwan a kan kilo, a farfasa shi da guduma a kai narkarwa.

Har yanzu Kawu bai saya ba. Ya bar sallahu a Ƙofar Ruwa cewa duk wanda ya ji labarin masana'antar da za ta yi gwanjo ya sanar da shi kafin masu sikeli su riga shi.