Sunan Baba a titir fonsiye

Wata uku kenan muna kan maganar gidan Baba, Allah ya jiƙansa, anan Garwa a Kamaru, kuma wallahi na sha rana na sha ƙura a bayan moto. Gidan nada titir fonsiye, wato takardar mallakar fili ta gwamnati, wannan kam Alhamdulillahi, don da yawa a unguwarmu takardar jauro, wato mai unguwa, kawai suke ajiyewa ƙasan akwati suna ganin sun gama, alhali tun dokar 6 ga Yuli 1974 titir shine shaidar mallaka da gwamnati ta sani, kuma fili mai titir in ba'a gaban noter, wato jami'in dake tabbatar da takardun ciniki a hukumance, aka sayar ba to cinikin babu shi a idon doka.

Matsalarmu suna ne. A titir an rubuta sunan da 'yan kasuwa ke kiransa dashi, a karti dantite, wato katin shaidar ɗan ƙasa, kuma sunan yanka ne. Mu mun san Garba da Buba da Habu duk Abubakar ne, Ɗanjuma ma yana da sunansa na gaskiya, amma takarda bata san haka ba, ga kuma rubutun Faransanci da kowa ke juya sunan mutum yadda kunnensa yaji. Noter yace ba maganar mutasiyon, wato mayar da titir kan sunan magada, sai mun kawo hukuncin gado daga kotu, mu kuma kawo takardar dake nuna sunayen biyu na mutum ɗaya ne.

Anan wani ɗan uwanmu yazo da dare yace, "Ƙanina, meye na wahala haka? Na san wanda zai gyara sunan, a wuce da gidan kan sunan Yaya babba kawai, daga baya ku sasanta a cikin gida." Nace masa, "Yaya, Inna fa? Yayarmu dake aure a Ngaundere fa, da ƙanwarmu ta Marwa?" Yace ai mata basu damu da takarda ba. Maganar nan ta tsaya min a rai har yau, don na ga gidajen da "daga baya" ɗin nan bai taɓa zuwa ba, babban ya rasu 'ya'yansa suka ɗago titir suka ce ga sunan ubansu, gwaggonninsu kuma sai hawaye.

Titir ba wasa bane. Dikiri, wato dokar shugaban ƙasa, na 27 ga Afrilu 1976 cewa yayi in ya fito ya zauna kenan, wanda aka cuta da yaudara wajen yin rajistar farko ba filin zai bi ba, diyya zai nema wurin wanda ya cuce shi, sai dai ƴan wurare da minista ke iya janyewa ko sokewa kamar in kuskuren hukuma ne ko titir biyu suka hau fili ɗaya. Shi yasa tun farko akeyin abin a bainar jama'a, kwamiti ya fito da su-firefe, wato hakimin gwamnati na yankin, da sarkin gari da dattawa biyu, jeyometir mai awon fili ya kafa borni, wato alamun iyaka, maƙwabta na tsaye suna kallo, a buga sanarwa, a bar kwana 30 ga duk mai ƙorafi. To in har haka ake shigar da suna, ni banga dalilin da za'a canza shi a ɓoye ba, ko harafi ɗaya ne, duk wanda keda haƙƙi a kira shi ya ji da kunnensa.

Mun sa zaman iyali ranar Juma'a bayan sallah, da liman da dattawa biyu cikin abokan Baba da suka san shi da sunayen biyu. Ƙanwarmu ta iso jiya, Yayarmu kuma tace motar safe zata biyo daga Ngaundere, na gaya mata kar ta manta da karti dantite da takardar haihuwarta.